Yadda za ka fara karanta komik da manga ba tare da ka ɓata a hanya ba

Ƙanina ne ya ja ni rubuta wannan. Yaron nan ya gama kallon katun ɗin Naruto kaf a waya, sai ya zo ya same ni wai yanzu littafin yake so ya karanta tunda ya ji an ce daga littafi aka ciro shi. Na nuna masa inda zai samu, ko minti goma ba a yi ba sai ga shi ya dawo yana ɓata rai, wai shi wannan abu bai gane masa ba, mutanen ciki amsa suke bayarwa tun kafin a yi musu tambaya, kuma wanda aka naushe ya riga ya faɗi ƙasa kafin a kai masa naushin. Na karɓi wayar na duba, ashe daga hagu yake karantawa kamar littafin Ingilishi. Na yi dariya har da hawaye, amma gaskiya ni ma haka na yi a farko, don babu wanda ya nuna min. To ga abin da na so a ce wani ya zaunar da ni ya faɗa min tun ranar.

Da farko ka san wanne iri ne a hannunka

Mu duk komik muke ce musu, amma ba gida ɗaya suka fito ba, kuma kowanne da yadda ake bin sa. Akwai na Amurka, su Superman da Batman da Spider-Man, masu kala, daga hagu zuwa dama ake karanta su, yawanci wata-wata suke fitowa shafi ashirin da 'yan kai. Akwai manga, na Japan kenan, baƙi da fari ne kusan duka, daga dama zuwa hagu. Akwai na Koriya ta Kudu da ake kira manhwa, wanda yanzu galibinsa don waya ake zana shi, sai dai ka yi ta jan skirin sama kamar kana duba Facebook, babu ruwanka da dama ko hagu. Sai na Faransa da Beljiyam, su Tintin da ya fara a 1929 da Asterix na 1959, 'yan'uwanmu na Nijar da Kamaru da Chadi da suka yi boko da Faransanci sun fi mu sanin waɗannan. Sai kuma wanda labari ne guda cikakke a littafi ɗaya kamar nobel, sai dai da zane aka ba da shi, zan zo kansa a gaba.

Na biyu, koyi karanta shafin kansa

Nan ne mutane suka fi raina wa, kuma nan ne ake faɗuwa. In manga ce a hannunka ta takarda, bangon da kake ɗauka shi ne baya, shi ne gaba. Mu wannan bai kamata ya ba mu wahala ba wallahi, duk wanda ya zauna a makarantar allo ko islamiyya ya buɗe Ahalari ko Ishmawi, ko ya taɓa karanta ajami, hannunsa ya riga ya saba da buɗe littafi ta dama. Bature ne yake shan wahalar wannan, har ma a ƙarshen fassarar Ingilishi ta takarda sukan sa shafi guda na gargaɗi cewa malam ka buɗe ta baya, juya.

A cikin shafi kuma zanen a yanke yake gida-gida, kamar 'yan akwatuna. Ka fara da akwatin da ke sama ta dama, ka tafi hagu, in layin ya ƙare ka sauko ka sake farawa ta dama. Inda ake rikicewa shi ne in aka sami dogon akwati guda a tsaye a gefe ɗaya, ga kuma ƙanana biyu ko uku a jere ɗaya kan ɗaya a ɗaya gefen. Dokar ita ce duk abin da ke dama ka gama da shi tukuna daga sama har ƙasa, sannan ka tsallaka hagu. Haka ma balan-balan ɗin magana, wato farin zagayen nan da ake rubuta abin da mutum ya faɗa a ciki: na dama kafin na hagu, na sama kafin na ƙasa. Amma fa rubutun da ke cikin balan-balan ɗin, tunda fassara ce ta Ingilishi ko Faransanci, shi daga hagu za ka karanta shi yadda ka saba. Shafi uku zuwa biyar za ka ji kanka na juyawa, daga nan shikenan ido ya saba, ba ma za ka ƙara tunawa da zancen ba.

Su ma balan-balan ɗin siffarsu magana ce. Mai ɗan wutsiya da ke nuna bakin mutum, magana yake a fili. Mai kama da gajimare ko wanda babu wutsiya, tunani ne a zuci. Mai tsini-tsini kamar ƙaya, ihu ake yi. Mai kusurwa huɗu, mai ba da labari ne ke magana, ko kuma ana gaya maka wuri da lokaci. In ka ga bayan akwatunan da ya saba zama fari ya koma baƙi ƙirin a manga, to yawanci an koma baya ne ana tuna abin da ya wuce, ni na daɗe ban gane wannan ba, ina ta mamakin yadda wanda ya mutu a babin baya ya tashi yana shan shayi. Sannan manyan haruffan Japananci da za ka gani an watsa su cikin zanen ba a fassara ba, ƙara ce kawai, irin su tim, ƙwal, fuu, ba wani sirri ba ne da ya wuce ka.

Abu ɗaya da zan roƙe ka: kar ka bi rubutu kaɗai kana tsallake zane. Wanda ya saba da littattafan Hausa na soyayya idonsa kalmomi yake nema, sai ya gama babi cikin minti biyu ya ce ai babu komai a ciki. Rabin labarin a fuska yake da hannu da inda mutum ya kalla. Wani lokaci shafi biyu cur babu kalma ko ɗaya, kuma nan ne mai zanen ya zuba duk ƙarfinsa. Tsaya ka kalla. Shi ma ɗan farin filin da ke tsakanin akwati da akwati aiki yake yi, a nan an ɗaga takobi, a na gaba mutum na kwance, saran kansa ba a zana ba, kai ne ka yi shi a kanka.

Wani ƙaramin abu, za ka riƙa ganin ana liƙa wa suna san ko kun ko chan, ko a ce sensei ko senpai. Girmamawa ce irin tamu, sensei malam ne, senpai kamar yaya ne a makaranta ko wurin aiki, san na mutunci ne ga kowa, kun da chan na yara da na kusa. Ranar da wani ya daina sa wa wata san ya kira sunanta gatsau, to wani abu ya canza a tsakaninsu, Bahaushe ai ba sai an yi masa dogon bayanin wannan ba.

Na uku, kuma wanda ya fi komai: zaɓi gajere wanda ya riga ya ƙare

Duk wanda ka tambaya me zan fara da shi, kafin ka rufe baki zai ce One Piece. Kar ka saurare shi, ko da kuwa amininka ne. Ba wai ba shi da kyau ba, ni kaina ina bin sa, amma Eiichiro Oda tun 1997 yake zana abin nan, ya wuce babi 1000 tun farkon 2021, kundi sama da 100, kuma har yanzu bai ƙare ba. Mutumin da ko juya shafi bai gama iyawa ba ka ɗora masa wannan, ai kamar ka ce wa mai koyon keke ya tafi Legas ne daga Kano. Shi kansa Naruto babi 700 ne a kundi 72, daga 1999 zuwa 2014, duk da dai karanta shi ya fi kallonsa sauri nesa ba kusa ba, tunda katun ɗin kashi 720 ne in ka haɗa zango biyun, kuma da yawa daga ciki ciko ne da masu katun suka ƙirƙira don su jira marubucin ya yi nisa.

Abin da kake buƙata a farko shi ne ka ɗanɗani daɗin kai ƙarshen labari. In kana son wasan ƙwaƙwalwa, wane ya fi wane wayo, ga Death Note, kundi 12 kacal, babi 108, labarin wani ɗalibi ne da ya tsinci littafin da duk sunan da aka rubuta a ciki mai sunan zai mutu, da kuma ɗan binciken da ke farautarsa. In faɗa da takobi kake so da zancen ɗan'uwantaka, Demon Slayer kundi 23 ne, 2016 zuwa 2020, yaro ne mai sayar da gawayi yake neman wa ƙanwarsa magani. Ni kuwa in za a bar ni na zaɓa wa mutum guda ɗaya, Fullmetal Alchemist zan ba shi, kundi 27, wata mata ce Hiromu Arakawa ta rubuta ta zana daga 2001 zuwa 2010, wa da ƙani ne da suka taɓo abin da ya fi ƙarfinsu don su dawo da mahaifiyarsu da ta rasu, suka biya da jikinsu, kuma labarin bai yi kumbura ko ja-in-ja ba har ya kai ƙarshensa. Masu son ƙwallo kuma akwai Captain Tsubasa tun na 1981, wanda Larabawa suka mayar wa suna Captain Majid, wanda ya taso a Sudan ko Saudiyya ya san shi sarai.

Ko wanne ka ɗauka, daga babi na 1 za ka fara, ko da ka kalli katun ɗinsa. Ka ba shi kundi biyu ko uku, in bai kama ka ba ajiye shi ka ɗauki wani, ba jarrabawa ba ce.

Na huɗu, duba wa aka rubuta wa

Wannan musamman ga iyaye da yayye. Kasancewar abu zane ne ba ya nufin na yara ne, ko kusa. Japanawa sun raba mujallunsu gida-gida: shonen na samari matasa, shojo na 'yanmata, seinen na manyan maza, josei na manyan mata. A fassarar Ingilishi ta takarda in ka juya bango za ka ga ɗan harafi, T na matasa, T da alamar tarawa na waɗanda suka ɗan ƙara girma, M kuwa na manya zalla, wannan kar ya shiga hannun yaro. Kuma ko a na samarin ma gaskiya akwai jini, akwai shigar da ba ta dace da tarbiyyarmu ba nan da can, akwai zancen alloli da aljanu da tsafi na al'adarsu, shi Death Note ɗin da na ambata ma akwai wani halitta a ciki da suke kira allan mutuwa. Ba zan ɓoye maka ba don kar ka je ka gani ka ce na yaudare ka. Babba ya san abin da zai iya ɗauka a matsayin tatsuniya da wanda zai rufe, yaro kuwa sai ka riga shi karanta kundin farko kafin ka miƙa masa.

Na biyar, ina za ka samu

Kamfanin Shueisha, masu mujallar Weekly Shonen Jump da ke fitowa tun 1968, wadda a cikinta Dragon Ball da Naruto da One Piece duk suka fito, suna da manhaja mai suna Manga Plus tun 2019. Halal ce, daga hannun masu abin kai tsaye, kuma tana buɗewa a ƙasashenmu. Labaran da ake kan yi za ka sami babi uku na farko da uku na ƙarshe kyauta, wasu ma a cikin manhajar ana barinka ka karanta kowane babi sau ɗaya ba ko sisi, tsofaffin da suka ƙare kuma yawanci farkonsu ne kyauta sauran sai da biyan wata-wata. Akwai Ingilishi, wasu kuma har da Faransanci. Sai dai na kamfaninsu kaɗai ne a ciki, Fullmetal Alchemist misali ba nasu ba ne, ba za ka gan shi a can ba. Na Koriya kuma akwai manhajar Webtoon, mafi yawan abin ciki kyauta ne, amma tunda masu kala ne kuma dogaye sun fi cin data, gara ka bari sai ka sami waifai ko datar dare.

Na san akwai shafukan sata birjik, ba sai na yi kamar ban sani ba. Ni abin da ya raba ni da su ba wa'azi ba ne ma, wata rana ina zaune a falo cikin mutane ina karatu, na taɓa skirin don na juya shafi sai ga wata talla ta rashin kunya ta cika wayar, ga ƙanwar babata a gefena, ranar na ji kamar ƙasa ta tsage na shige. Ban da haka fassararsu sau da yawa ta gaggawa ce, sunan mutum ɗaya sai ya canza sau uku a babi biyar.

In kuma ta takarda kake so, leƙa wajen masu gwanjon littattafai, musamman na bakin jami'o'i, lokaci-lokaci ana dacewa. Duba lambar da ke jikin ƙashin bayan littafin kafin ka biya, don kar ka koma gida da kundi na 14 alhali ba ka da na 1, sannan ka bi shafukan da yatsa ka tabbata babu wanda ya zare.

Na shida, in Marvel da DC ne suka jawo ka

Marvel da DC su ne manyan kamfanonin komik biyu na Amurka. Da yawanmu ta fim muka shigo, to a nan dokar fara daga farko ba ta aiki sam. Superman tun 1938 yake, Batman 1939, Spider-Man 1962, Black Panther 1966, marubuta da masu zane bila adadin sun yi ta karɓa-karɓa a kansu, an kashe jarumi an dawo da shi, an rushe duniyar an sake gina ta, DC ma a 2011 gaba ɗaya suka mayar da lambobin littattafansu zuwa 1. Shi ya sa za ka ga littafi an rubuta lamba 1 a kai amma ba shi ne farko ba, na 1 ɗin ma sun fi a ƙirga. Dabarar ita ce ka bi marubuci, ba jarumi ba. Ka nemi zangon da marubuci guda ya riƙe, ka fara daga inda ya karɓa ka tsaya inda ya ajiye, kuma ka nemi kundin da aka haɗa fitowa biyar ko shida wuri ɗaya maimakon 'yan siraran nan na wata-wata. Batman: Year One na 1987 fitowa huɗu ne kawai kuma ba ya buƙatar ka san komai. Ultimate Spider-Man da aka fara a 2000 daga tushe ya sake ɗauko labarin don sababbin masu karatu. Ms. Marvel na 2014 kuma yarinya ce Musulma 'yar asalin Pakistan mai suna Kamala Khan a Jersey City, ana faɗa da mugaye ana kuma faɗa da dokar gida ta kar a kai dare a waje, 'yanmatanmu za su ga kansu a wurare da yawa. In a tsakiyar labari aka ambaci wani abu da ya faru a wani littafin daban, wuce kawai, ba sai ka bi kowane rami ba.

Na bakwai, kar ka tsaya kan masu tashi sama

Akwai littattafan zane da babu jarumi mai riga ko ɗaya a ciki, kuma su ne nake miƙa wa duk wanda ya ce min komik shirmen yara ne. Maus na Art Spiegelman labarin mahaifinsa ne da ya tsira daga sansanin 'yan Nazi, ya zana Yahudawa a matsayin ɓeraye Jamusawa kuma kyanwoyi, har kyautar Pulitzer ya samu a 1992. Persepolis na Marjane Satrapi yarintarta ce a Iran lokacin juyin juya halin 1979. Wanda ya fi kusa da mu kuwa Aya de Yopougon ne na Marguerite Abouet, ya fara fitowa a 2005, rayuwar 'yanmata uku a wata unguwa ta Abidjan a ƙarshen shekarun 1970, gulma da zance da rigimar iyaye da surukai, kai ka ce a layinku ake yi.

A gida Najeriya ma ba a zaune ake ba. Manya za su tuna Ikebe Super na Wale Adenuga tun 1976, inda Papa Ajasco ya fito kafin ya koma talabijin, 'yan bayansu kuma sun taso da Supa Strikas na Afirka ta Kudu. Yanzu akwai kamfanin Comic Republic da Jide Martin ya kafa a Legas a 2013, suna sa nasu a shafinsu kyauta. Akwai Roye Okupe mai Malika: Warrior Queen, sarauniya mayaƙiya a wata daula ta ƙirƙira a Afirka ta Yamma ta ƙarni na 15, kana buɗewa Sarauniya Amina ta Zazzau za ta faɗo maka a rai. Abin da ke ci min tuwo a ƙwarya dai shi ne kusan duk da Turanci suke, ga mu da Bayajidda da Gizo da Ƙoƙi da tarihin Kanta na Kabi, ga yara masu zane a bayan littafin lissafi a kowane aji, amma wannan zance ne na wata rana.

Na ƙarshe, in ka kamo masu bi mako-mako

Bayan ka gama gajeru biyu ko uku, to yanzu kam je ka ɗauki One Piece ɗinka, babi biyar ko goma a rana ya isa, kar ka kwana a kai ka makara sallar asuba. Kafin ka kamo su, kar ka kuskura ka rubuta sunan wani ɗan wasan ciki a Google ko YouTube ko TikTok, tun kafin ka gama rubutawa za a cike maka da kalmar mutuwa a gaban sunan, an gama ɓata maka shekara guda ta karatu. A guruf ɗin WhatsApp ma akwai masu wannan hali, ka kashe saukar hoto kai tsaye. Ranar da ka kamo kuma, sabon babi na Jump yana sauka a Manga Plus ranar Lahadi da ƙarfe 4 na yamma agogon Najeriya da Nijar, sha biyun dare kenan a Japan, wato kana idar da la'asar ka duba waya. Sai dai shi Oda yakan huta mako guda bayan kowane babi uku ko huɗu, don haka in ka duba wata Lahadin ba ka ga komai ba, kar ka kama zagin netwok.